Lee J. Cobb: Me Ya Hana Shi Zama Tauraro a Hollywood?

Tambaya: Malam, na kalli tsohon fim ɗin nan na 1957, *12 Angry Men*, kuma wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne mutumin nan mai faɗa da ya yaga hoton ɗansa a ƙarshe. An ce mini sunansa Lee J. Cobb, wai kuma a wasan dandamali ba ƙaramin mutum ba ne. In haka ne, me ya sa a fim kullum sai dai ya fito a uba, ko alƙali, ko bos? Rashin sa'a ne, ko iyawarsa ce ba ta kai ba?

Amsa: Ɗan'uwa, idonka ya gani daidai, kuma wanda ya ba ka labarin bai yi maka ƙarya ba. A 1949 da wuya a samu ɗan wasan dandamali a New York da ake maganarsa kamar Lee J. Cobb. Batun rashin iyawa kam, cire shi daga lissafi. Abin da ya shata masa hanya shi ne surar da Allah ya yi masa, da yadda kamfanonin fim na wancan zamani suke rarraba 'yan wasa, sai wani mugun hali da ya shiga tsakanin 1951 da 1953 wanda tabonsa ya bi shi har kabari.

An haife shi a New York ranar 8 ga Disamba, 1911, a gidan Yahudawa, sunansa na asali Leo Jacoby. Ya fara koyon wasa a gidan wasan Pasadena da ke California, ya dawo New York, a 1935 ya shiga ƙungiyar da ake kira Group Theatre. Tun yana ɗan ashirin da 'yan kai yake da faffaɗan ƙirji, da fuska mai nauyi, da murya mai kauri, ga gashin kansa ya fara zubewa da wuri. Duk daraktan da ya ɗora ido a kansa dattijo yake gani. A 1939, yana ɗan shekara 27, aka manna masa furfura ya fito a matsayin mahaifin William Holden a fim ɗin *Golden Boy*, alhali bai ba Holden cikakkiyar shekara 7 ba. Daga nan abin ya zame masa ƙaddara. A 1958, a fim ɗin kaboyi na *Man of the West*, shi ne tsohon ɗan fashin da ya raini Gary Cooper, kuma Cooper ya girme shi da shekara 10. A 1963 ya fito a uban Frank Sinatra, wanda ya girma da shekara 4 kacal. Mutumin da jama'a suka fara sani a matsayin uba yana da shekara 27, yaushe zai koma saurayin da ke neman aure a fim?

Sai ka san yadda Hollywood take aiki a lokacin kafin ka gane dalilin da ya sa wannan ya ɗaure shi. Manyan kamfanoni irin su MGM, Warner, Paramount da 20th Century Fox kowanne fina-finai masu yawa yake fitarwa a shekara, kuma su ke da gidajen silima da yawa da ake nuna su. 'Yan wasa ma'aikata ne a ƙarƙashin kwantiragi, sau da yawa na shekara 7, kamfani ke zaɓa maka rawar da za ka taka. A sama akwai taurari, waɗanda sunansu ke sayar da tikiti. Abin da ake so a wurin tauraro shi ne ya zama mutum ɗaya a kowane fim: ka je kallon Gary Cooper, Gary Cooper za ka gani. A ƙasa da su kuma akwai wani rukuni na ƙwararru da ake ajiyewa don su fito a likita, alƙali, editan jarida, shugaban 'yan sanda, attajiri, uban yarinya. Su ba a son su zama mutum ɗaya. Aikinsu su shiga rigar duk wanda labari ke bukata, ka yarda da shi cikin minti 2. Kamar azara suke a ɗakin soro: ba su ake zuwa gani ba, amma su ke riƙe da rufin. A wannan rukuni Fox ta ajiye Cobb a shekarun 1940. Ya fito a likita a *The Song of Bernadette* a 1943, a shugaban 'yan sanda a *Boomerang* a 1947, a editan jarida a *Call Northside 777* a 1948. Har kwalliya aka yi masa ya fito a wazirin sarkin Siyam a 1946, daga baya kuma a madugun yaƙi na ƙasar Sin a 1955. Wannan ɗabi'a ta shafa wa Bature fenti ya fito a mutumin Asiya abin kunya ce ga masana'antar, kuma waɗancan wasannin nasa ba su ne za a tuna shi da su ba.

To amma tarbiyyar da ya samu a Group Theatre ta wuce wannan ƙaramin aiki. Harold Clurman, Cheryl Crawford da Lee Strasberg ne suka kafa ƙungiyar a 1931, lokacin da tattalin arzikin Amurka ya durƙushe, mutane na layin karɓar abinci. Sun ɗauko tsarin koyarwar Stanislavski na Rasha: ɗan wasa ba zai kwaikwayi fushi ko kuka daga waje ba, sai ya gano abin da mutumin da yake wakilta yake nema a wannan lokacin, da abin da ke tare masa hanya. Sun kuma yi imani da cewa babu babba babu ƙarami a kan dandamali, wanda ke da layi 3 zai yi aiki kamar mai layi 300. Daga wannan gida Elia Kazan ya fito, da John Garfield, da marubuci Clifford Odets. Wasanninsu kan talakawa da ma'aikata da yajin aiki suke, kuma da yawa daga cikinsu sun shiga jam'iyyar kwaminis na wani lokaci. Riƙe wannan, domin gidan da ya ba Cobb sana'a shi ne ya jawo masa bala'i daga baya.

Ranar 10 ga Fabrairu, 1949, aka buɗe wasan Arthur Miller, *Death of a Salesman*, a gidan wasan Morosco da ke Broadway, unguwar manyan gidajen wasan New York, Kazan ne darakta. Labarin Willy Loman ne, ɗan tallan kamfani mai yawo gari-gari da akwatunan samfur, wanda ya kai shekara 63, ciniki ya gudu daga hannunsa, kamfanin da ya yi wa bauta tsawon rayuwarsa ya sallame shi, babban ɗansa Biff kuma ya daina ganin girmansa. Cobb na da shekara 37. Miller ƙaramin mutum ya zana a ransa lokacin da yake rubutu, har akwai wurin da Willy ke kokawa kan gajartarsa. Da aka ba Cobb rawar, sai aka sauya maganar ta koma kan ƙiba. A ganina wannan sauyi ya ƙara wa wasan nauyi. Idan ƙaramin mutum ya faɗi, tausayi kawai za ka ji. Idan ƙato mai muryar shugaba ya shigo da akwatuna biyu yana jan ƙafa, kafaɗunsa a rusune, kana ganin irin mutumin da ya ɗauka zai zama da kuma inda ya tsaya, duka a jiki ɗaya. Miller da kansa ya ba da labarin yadda Cobb ya shafe kwanaki a wurin gwaji yana gunguni, yana ja da jiki kamar wanda bai san abin da yake yi ba, har hankalin kowa ya tashi, sai rana ɗaya ya miƙe ya buɗe murya, waɗanda ke zaune a ɗakin suka kama kuka. An yi wasan sau 742, ya ci kyautar Pulitzer da ta Tony. Cobb bai kai ƙarshensa ba, ya sauka kafin shekara ta zagayo, domin rawa ce mai cin jiki da murya, kusan duk daren yana kan dandamali. Duk da haka har yau da shi ake auna duk wanda ya taka Willy Loman.

Ga amsar tambayarka a fili: da aka tashi mayar da wasan fim a 1951, an ɗauki Mildred Dunnock da ta fito a matar Willy a dandamali, amma rawar Willy aka ba Fredric March. March gwani ne, ba na rage masa komai. Sai dai abin da yake da shi wanda Cobb ba shi da shi shi ne suna a allon silima da kyautar Oscar guda 2. Mutumin da ke wani ƙaramin gari a Ohio bai taɓa shiga Morosco ba, bai san abin da aka yi a can ba. Ɗaukakar dandamali a birni ɗaya take tsayawa, kuma mai zuba kuɗi a fim sunan da duk ƙasa ta sani yake saye.

A wannan shekarar ce kuma, 1951, masifar ta sauka. Majalisar Wakilan Amurka tana da wani kwamiti da ke binciken waɗanda ake zargi da aƙidar kwaminisanci. Tun 1947 ya sa Hollywood a gaba, har mutum 10, marubuta da daraktoci, suka tafi gidan yari saboda sun ƙi amsa tambayoyinsa. Kamfanoni suka buɗe baƙin kundi: duk wanda sunansa ya shiga, ba aiki. Hanyar fita ɗaya ce, ka je gaban kwamitin, ka amsa cewa ka taɓa shiga jam'iyyar, sannan ka lissafa sunayen waɗanda ka sani a ciki. Ka lura, galibin sunayen nan kwamitin ya riga ya san su. Abin da ake so shi ne a ga ka durƙusa ka sayar da abokanka a bainar jama'a. Ɗan wasa Larry Parks ne ya ambaci Cobb a 1951. Cobb ya yi shekara 2 yana tirjiya. Daga baya ya gaya wa ɗan jarida Victor Navasky abin da ya gani a shekarun nan: aiki ya ƙafe, kuɗi ya ƙare, babu mai ba shi rance, ana bin sawunsa, an karɓe masa fasfo, matarsa ta samu taɓin hankali har aka kwantar da ita, ga yara. A watan Yuni na 1953 ya miƙa wuya, ya ambaci sunayen mutum 20.

Ba zan wanke shi ba. Kowane ɗaya daga cikin mutum 20 ɗin nan yana da iyali kamar yadda yake da su, kuma akwai waɗanda suka sha irin wannan matsi suka ƙi buɗe baki. John Garfield, abokinsa na Group Theatre, bai ba da sunan kowa ba, ya mutu da bugun zuciya a 1952 yana ɗan shekara 39. Arthur Miller ya tsaya gaban kwamitin a 1956 ya ƙi ambaton kowa, aka same shi da laifin raina majalisa, sai a 1958 kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin. Amma kuma ba na haɗa Cobb da waɗanda suka yi abin da alfahari. Kazan, bayan ya ba da nasa sunayen a 1952, fili ya saya a jarida yana kare kansa. Cobb bai taɓa cewa kishin ƙasa ne ya sa shi ba. Abin da ya ce shi ne an gajiyar da shi, kuma yana bukatar aiki. Babban laifin yana wuyan waɗanda suka mayar da cin amana sharaɗin cin abinci. Nasa kason yana nan, kuma ya san yana nan.

Abin da ya biyo baya yana da ɗaure kai. Fim ɗin da ya dawo da shi sosai shi ne *On the Waterfront* na 1954. Kazan ne darakta, Budd Schulberg ne marubuci, kuma su biyun da Cobb duk sun ba da sunaye. Labarin kuwa na wani ɗan dako ne a tashar jiragen ruwa, wanda Marlon Brando ya taka, da ya tashi ya ba da shaida a kan shugabannin ƙungiyarsu masu kisa da cin zalin ma'aikata. Wato fim ne da ke cewa tona asiri jarumta ce. Cobb shi ne Johnny Friendly, ubangidan da aka tona wa asiri, wanda ke zagin mai ba da shaida yana kiransa maci amana. Shekara ɗaya kacal bayan nasa zaman a gaban kwamiti, shi aka ɗora wa faɗin maganar da tsofaffin abokansa ke faɗa a kansa. Ka kalli yadda ya gina mutumin. Farkon fitowarsa ba da tsawa yake farawa ba, da wasa da dariya yake farawa, yana rungumar Brando, yana cusa masa kuɗi, sannan ya nuna tabon da ke wuyansa ya ba da labarin talaucin da ya taso a ciki. Kafin ya yi ihu ko sau ɗaya ka riga ka gane me ya sa mutane ke binsa, ka kuma gane cewa tsoron komawa talauci ne ke tura shi. An zaɓe shi takarar Oscar ta mataimakin jarumi tare da Karl Malden da Rod Steiger, duk daga fim ɗaya, kyautar ta tafi wurin Edmond O'Brien. A 1955 bugun zuciya ya kwantar da shi, ba shi da ko sisi, Frank Sinatra ne ya biya masa kuɗin asibiti.

Yanzu mu zo kan fim ɗin da ka gani. Mutum 12 aka kulle a ɗaki ɗaya, ranar zafi, su yanke hukunci kan wani yaro da ake zargi da kashe mahaifinsa. Fim ɗin farko ne na Sidney Lumet, wanda ya fito daga wasan talabijin na kai-tsaye, shi ya sa ya cika teburin da mutanen dandamalin New York: Martin Balsam, Jack Warden, E. G. Marshall, Ed Begley, Jack Klugman. Henry Fonda kaɗai ne babban tauraro. Rawar Fonda ta mai natsuwa ce, mai tambaya a hankali, kuma irin wannan rawa ba ta da armashi sai ta samu bango da za ta riƙa tunkara. Cobb ne bangon. In mai lamba 3 a cikin masu yanke hukuncin, wato rawar Cobb, ya zama mahaukaci kawai, mai ihu ba dalili, fim ɗin ya mutu tun a tsakiya, domin ba wanda zai damu da ko ya sauya ra'ayi ko bai sauya ba.

Koma ka sake kallo, ka sa ido a wurare 3. Tun da wuri yana ciro hoton ɗansa daga walat, yana ba da labarin yadda ya ga yaron ya guje wa faɗa yana ƙarami, ya sha alwashin mayar da shi namiji, har yaron ya girma ya naushe shi, yanzu shekara 2 ba su ga juna ba. Cobb yana faɗin wannan kamar hira, har da ɗan murmushi, sai a ƙarshen maganar muryar ta ɗan sauka, ya maida hoton. Ya dasa iri ke nan, bai tsaya ban-ruwa ba. Na biyu, inda ya ɗauki wuƙa zai nuna yadda aka soki mamacin, ya ɗaga ta a kan ƙirjin Fonda, ɗakin ya ɗauke numfashi: dubi hannunsa da idonsa, za ka ga shi kansa ya tsorata da abin da ya ji a ransa. Na uku shi ne wanda ya kama ka. Yana lissafa hujjoji da ƙarfi, hujjojin suna ƙarewa, muryar tana tashi domin ba sauran abin riƙewa, walat ya faɗi kan tebur, ya ga hoton, ya yayyaga shi, sannan ya kife kansa a hannu ya faɗi hukuncin cikin kuka. Sai a nan kake gane cewa tun farkon zaman ɗansa yake yi wa shari'a. Wannan shi ne Willy Loman da Biff a wata riga. Uban da ke son ɗansa amma bai iya nuna so ba sai ta hanyar tsawa, wannan ita ce gonar Cobb, kuma ban san ɗan wasan Amurka na zamaninsa da ya nome ta kamarsa ba.

Yana da aibi, kuma masu sukarsa ba ƙarya suke ba. Murya ce da aka horar don ta kai kujerar ƙarshe a gidan wasa, kyamara kuwa tana nan kusa da hanci. Idan ya samu darakta mai ƙarfi kamar Kazan ko Lumet, sukan riƙe masa linzami, su bar shi ya fashe sau ɗaya a inda ya dace. Idan ya faɗa hannun wanda ke jin nauyinsa, sai ya fara daga sama, ya rasa inda zai hau. A *The Brothers Karamazov* na 1958, inda ya fito a tsohon uba mashayi mara kunya, wuce gona da irin ya dace da mutumin, har ya samu takarar Oscar ta 2, Burl Ives ya lashe. A wasu fina-finan na shekarun 1960 kuwa, ihun ya fi abin da ke ƙarƙashinsa yawa.

Daga 1962 zuwa 1966 ya zauna a talabijin, a shirin kaboyi na *The Virginian*, yana fitowa a Alƙali Garth mai gidan gona. Aiki ne na albashi mai kyau, kuma ya shigar da fuskarsa gidajen da ba su taɓa jin sunan Broadway ba, amma bai ci rabin iyawarsa ba. Ya yi fina-finai a Italiya, wanda ya fi kyau a ciki shi ne na Damiano Damiani a 1968, inda ya fito a uban mafiya na Sisili. A 1968 ɗin kuma ya koma dandamali a Lincoln Center ya taka Sarki Lear na Shakespeare, sau 72, wanda a lokacin ba a taɓa nuna wannan wasa na Lear sau da yawa haka a Broadway ba. Wani uban ne kuma, wanda ya kasa gane wace 'yarsa ce ke ƙaunarsa. A 1973 ya fito a ɗan sanda mai bincike a *The Exorcist*, kuma ina ba ka shawarar ka ga wannan domin ka ga ɗaya fuskar tasa: tattausar murya, ladabi, tambaya kamar hira, babu ihu ko ɗaya. Ya rasu da bugun zuciya a California ranar 11 ga Fabrairu, 1976, yana da shekara 64. Manyan rawoyinsa 3, Willy Loman, ɗan sandan nan da mai lamba 3, duk George C. Scott ne ya gaje su daga baya, a 1975 da 1990 da 1997, wanda shi ma ƙato ne mai irin wannan fushin.

In kana son ka ga abin da mutanen New York suka gani a 1949, akwai hanya. A 1966 gidan talabijin na CBS ya sake shirya *Death of a Salesman* da Cobb da Mildred Dunnock a rawoyinsu na asali, George Segal a matsayin Biff, kuma an adana shi. An ɗan taƙaita rubutun, hoton ma irin na talabijin ɗin wancan lokaci ne. Cobb na da shekara 54 a lokacin, ya matso kusa da shekarun Willy, kuma tsakanin wasan farko da wannan shi ma an taɓa rufe masa ƙofar aiki, ya taɓa rasa mai ba shi rance, ya taɓa kwanciya asibiti da kuɗin wani. Ka mai da hankali kan wurin da Willy ke roƙon ɗan tsohon maigidansa, wanda ya gaji kamfanin, ya bar shi ya yi aiki a ofis, yana rage albashin da yake nema da bakinsa, daga dala 65 a mako zuwa 50, zuwa 40, kafin a ce masa ya ajiye akwatunan ya tafi gida.